Bijimin Holan a Karar Maigatari

A birnin Hague na ƙasar Holan, cikin wani gidan ajiye zane-zane da ake kira Mauritshuis, akwai zanen wani sa da aka yi a shekarar 1647. Ja ne, da ɗan fari nan da can, ya juyo da kai yana kallon mai kallonsa. A gefensa saniya ce kwance a gindin bishiya, ga rago da tunkiya da ɗanta, ga wani dattijo mai hula ya leƙo ta bayan itacen. Ƙudaje na yawo a gadon bayan san, kwaɗo na zaune a ƙasa, sannan a can gaba, inda ido ba zai kauce masa ba, ga kashin shanu shimfiɗe. Faɗin ƙyallen da aka yi zanen a kansa mita 3 ne da santimita 39, tsayinsa kuma ya haura mita 2, don haka dabbar ta fito kusan da girmanta na gaske. Wanda ya zana ta saurayi ne ɗan shekara 21, sunansa Paulus Potter.

Mutanen Holan ba su sha wahalar raɗa masa suna ba. De Stier suke ce masa, wato namijin shanu da ba a dandaƙe ba, Turawan Ingila kuma suka ƙara masa kalmar ƙuruciya. Wahalar tana wurinmu. Bahaushen da ya san shanu ba ya cewa "sa" ya yi shiru, sai in sauri yake. In ƙarami ne mai bin uwa, maraƙi ne. In mace ce da ta tasa ba ta haihu ba tukuna, karsana. In ta girma ta ƙi haihuwa, juya. In namiji ne da ya ƙasaita, wuya ya cika, shi ne uban garke, bijimi ke nan. In an dandaƙe shi an hore shi da ɗaukar kaya, takarkari. In garma yake ja, yana cikin shanun huɗa. Duk wanda ya furta ɗaya daga cikin kalmomin nan ya ɗauki alhakin cewa ya duba shekaru, ya duba jinsi, ya duba aiki. Saboda haka kafin a ba wa dabbar Potter suna da Hausa, sai an kai ta inda ake duba shanu, kuma a masarautar Gumel an san wurin.

Ranar Alhamis tun kafin hantsi hanyar Maigatari take cika. Mutanen Gagarawa da na Sule Tankarkar da na Gumel suna tahowa, na ƙasar Damagaram suna tsallako iyaka da raƙuma da jakuna da tumaki da shanu, tireloli kuma na jere suna jiran lodin Kudu. A cikin wannan ƙura dillali ba ya fara magana da kuɗi. Sai ya zagaya sa tukuna, ya sa a ja shi don ya ga tafiyarsa, ya danna tozo, ya shafa haƙarƙari, ya kama gindin wutsiya ya ji ko akwai kitse. Sannan yaro ya riƙe ƙaho, shi kuma ya damƙi hanci ya janye leɓen ƙasa. Shanu ba su da haƙoran gaba a sama, dasashi ne kawai mai tauri. Takwas ne a ƙasa. Na nono ƙanana ne, suna zubewa biyu-biyu, manya masu faɗi suna maye gurbinsu, daga wajen shekara biyu har zuwa huɗu ko biyar. Mai dabba yana iya cewa, "Wallahi Alhaji bana ya shiga ta uku." Dillali ba zai musa masa ba, zai dai buɗe baki ya ce da mai saye, "Alhaji, matso ka ƙirga da kanka." Mai dabba ya iya cika baki, bakin dabbar kuwa ba ya ƙari ba ya ragi.

Masana kiwon shanu a Holan sun yi wa zanen Potter irin wannan dubawa, kuma abin da suka gano zai ba kowane dillali dariya. Ƙahon da fatar da ke rataye ƙarƙashin wuya na ɗan shekara biyu ne. Haƙoran da ake hange na ɗan shekara uku zuwa huɗu ne. Kafaɗun na ƙasaitaccen bijimi ne, cinyoyin baya kuwa na wanda bai gama girma ba. A taƙaice babu uwar da ta taɓa haifar wannan sa. Da a karar Maigatari aka kawo shi, da an taru a kansa ana salati.

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Arnold Houbraken, wanda ya tattara tarihin masu zanen Holan a littafin da ya fito tsakanin 1718 da 1721, ya samo daga iyalin matar Potter cewa mutumin ba ya fita yawo sai da ɗan littafi a aljihu, duk dabbar da ta burge shi ya tsaya ya zana. To da ya koma ɗaki ya shimfiɗa babban ƙyalle, daga waɗannan takardu ya ɗebo: kan wannan, kafaɗar wancan, ƙafar wani da ya gani wata rana daban. Abin da ya fi jan hankalina shi ne, haka kalma ma take samuwa. Yaron da ya tashi a Gagarawa bai koyi kalmar "sa" daga sa guda ba. Ya ga na babansa a turke, ya ga na maƙwabta yana jan amalanke, ya ga na Fulani suna wucewa da kaka bayan an kwashe gero, ya ga wanda aka kayar ranar Babbar Salla. Duk suka narke suka zama sura ɗaya a kansa, wadda in an ce "sa" ita ce take tasowa, alhali babu inda take tsaye a duniya. Potter wannan surar ya zana. Wayonsa shi ne da ya gama sai ya yayyafa mata ƙudaje, ya ajiye mata kwaɗo da kashi, har mai kallo ya rantse wata safiya ce takamaimai, a wata makiyaya takamaimai. An ce kama da wane ba ta wane. Wannan kuwa ya yi kama da kowane sa, shi ya sa bai zama ko ɗaya ba.

In an matsa mini sai na ba shi suna, bijimi zan ce, don a kara haƙori ya fi ƙaho gaskiya.

Sai dai akwai abin da ɗan Gagarawa zai fara tambaya tun kafin a kai ga haƙori: ina tozon? Bayan san Potter a miƙe yake sumul daga wuya har gindin wutsiya. A wurinmu kuwa tozo yana cikin ma'anar kalmar, har ba ma tuna cewa ana iya raba su. Bunaji farare masu baƙin hanci da baƙin kunne suna da shi. Rahaji jajaye masu dogon ƙaho, na Bororo, suna da shi. Bokolo na ƙasar Sakkwato masu gajeren ƙaho da sakakkiyar fata suna da shi, haka shanun Azawak da ake kawowa daga Nijar. Mahauci yana ware shi ya sa masa kuɗinsa daban, mai tsire ya san wanda yake ajiye wa. Sa marar tozo a idonmu kamar an rage masa wani abu ne.

Amma a cikin Jihar Jigawan nan akwai shaidar cewa ba haka abin yake ba tun fil azal. A duwatsun Birnin Kudu, irin su Dutsen Mesa da Dutsen Habude, akwai zanen shanu a jikin dutse da wasu mutane na da can suka yi, waɗanda ba su bar suna ba. Bernard Fagg, masanin kayan tarihi da ya yi aiki a Jos, ya yi rubutu a kansu a shekarun 1950, tare da duwatsun nan masu amo da ake bugawa. Shanun da ke jikin dutsen, wasu masu dogon ƙaho wasu masu gajere, bayansu a miƙe yake, babu tozo. Masu tozo daga baya suka shigo Afirka ta Yamma ta gabas, suka yaɗu har suka mamaye. Ragowar na da suna nan a gefe-gefe: Kuri masu kumburarren ƙaho a Tafkin Chadi, da muturu 'yan gajeru a Kudu. Ke nan da za a tashi mai zanen Dutsen Mesa a nuna masa aikin Potter da kuma bijimin da ya fi kowane tsada a Maigatari, na Holan ɗin zai fi ganewa. Ko da wace kalma yake kiran dabbarsa, abin da ke cikinta ya bambanta da abin da ke cikin tamu, a ƙasa guda, ƙarƙashin rana guda.

Su ma mutanen Holan abin ya same su. Baƙaƙen shanu masu fari da duniya ta san su da su yau, irin Friesian da aka kawo Vom da Shika ana haɗa su da Bunaji don ƙarin nono, ba su ne suka fi yawa a zane-zanen zamanin Potter ba. A ƙarni na 18 annobar bushiya ta ratsa ƙasarsu har sau uku, ta share garake, aka sake cika makiyaya da shanun da aka sayo daga waje. Ita ce cutar da ta durƙusar da Fulaninmu a wajajen 1890, ta kuma dawo a 1983, kafin a ba da sanarwar kawar da ita daga duniya a 2011. Yau mai son sanin kamannin shanun Holan kafin annobar, wurin masu zane yake zuwa.

Shi Potter a cikin shanu ya buɗe ido. An haife shi a 1625 a Enkhuizen, gari mai tashar jiragen ruwa wanda a lokacin yake da babbar kasuwar shanu. Da bazara ake kawo ramammun shanu daga Denmark, masu kuɗi su saya su zuba a makiyayun da aka ƙwato daga ruwa, irin Beemster da aka gama janye wa ruwa a 1612, su yi ƙiba, da kaka a kai su mahauta a Amsterdam. Duk wanda ya taɓa sayen ramammen sa a Maigatari ya ɗaure a gida yana ba shi harawa da dusa da kanwa har Salla ta matso, ya san wannan lissafi ba sai an yi masa bayani ba. Mahaifinsa Pieter mai zane ne, a wurinsa ya koya. A 1646 ya shiga ƙungiyar masu zane ta Delft, a 1649 ya koma Hague, ya yi aure a 1650, sannan a 1652 wani babban likita kuma mai faɗa a ji a Amsterdam, Nicolaes Tulp, ya jawo shi can. Tarin fuka ya kashe shi a Janairun 1654 yana da shekara 28. Ya bar zane kusan ɗari, galibinsu ƙanana, na shanu da tumaki da dawaki da karnuka.

Girman ƙyallen bijimin nan shi ne rashin kunyar da ya yi. A Turai ta wancan zamani an san abin da ya cancanci babban ƙyalle: sarakuna, yaƙe-yaƙe, ƙissoshin littattafan addini. Dabba kuwa a gefe ake sa ta, ta cike gurbi. Shi sai ya ba sa wurin sarki, ya tura mutum bayan bishiya. Houbraken ya kuma ba da labarin wani zanen gona da Potter ya yi don Gimbiya Amalia van Solms, aka ƙi karɓa saboda a tsakiyarsa akwai saniya tana fitsari. Zanen yana gidan tarihi na Hermitage a Rasha yanzu, kuma da sunan saniyar aka fi saninsa.

Wannan rigima ba baƙuwa ba ce a bakinmu. Muna da kalmomi biyu da muke kiran abu ɗaya da su, kuma ba sa ga maciji da juna. In Bahaushe ya ce da mutum "dabba", ya gama zaginsa. In ya nuna garke ya ce "dukiya", ya gama yabo. Wanda aka tsana a gida saniyar ware ce, amma malamin da ya gagara a fagen ilmi bijimi ne, kuma ba ya jin haushin sunan. Waɗanda suka ƙi zanen Gimbiya dabba suka gani. Attajiran da suka sayi aikin Potter suka rataya a zaurukansu dukiya suka gani. Ina zaton shi kansa bai tsaya a ko ɗaya ba, domin mai ganin dabba kawai ba zai ɓata kwanaki yana bin gashin goshi ɗaya bayan ɗaya ba, mai ganin dukiya kawai kuwa da ya kore ƙudan ya share kashin. Kallon da ya yi wa san ya fi kusa da na makiyayi, wanda ya san wadda take ɗingishi tun daga nesa kuma ba ya ƙyamar abin da ta kasayar, don da shi za a yi taki, in ya bushe ya zama kandilo a hura wuta.

Akwai kuma wata kusanta da ba a cika lura da ita ba. Holan ta zamanin Potter ƙasar 'yan Furotesta ce masu tsanani, waɗanda tun 1566 suka farfasa gumaka da hotuna a majami'u, daga baya suka shafe bangaye da farar ƙasa. Da majami'a ta daina ba masu zane aiki, sai suka koma kasuwa, suna zana abin da ɗan kasuwa zai saya: jirgin ruwa, kwanon abinci, titi, saniya. Mu kuma malamanmu sun yi magana mai tsawo a kan surar abu mai rai, kuma hannun Bahaushe ya bi wata hanyar. Maginin Zariya da na Kano ya cika fuskar gida da dagi da zayyana, har da keke da agogo da jirgin sama daga baya. Maɗinki ya yi aska biyu da aska takwas a gaban riga. Mai ƙwarya ya ƙona mata layuka. Dabba ba ta cika shiga ba, sai a bayan manyan motoci, inda zaki da mikiya suka samu mafaka. Zanen shanun da ya fi yawo a hannun mutanen Gagarawa shi ne na bayan takardar naira 200 da ta fito a 2000, mai hoton Sardauna Ahmadu Bello a gaba, kuma ban ga wanda ya tsaya duba haƙoransu ba.

Kada wannan ya sa a ce ba mu kalli dabba ba. Mun kalle ta har mun gaji, sai dai a harshe muka zuba abin da muka gani. A dubi doki kawai. Potter yana da zanen wani doki mai ɗigo-ɗigo da ke gidan tarihi na Getty a Amurka, kuma in an tambayi Bature launinsa sai ya haɗa kalmomi biyu ko uku. A bargar Sarkin Gumel kalma ɗaya za a faɗa a wuce. Akawal, kili, danda, hurde, bidi, gunya: kowanne launi ne da aka ware daga ɗan'uwansa, kuma yaron barga ba ya rikita su ko da ranar hawan Salla ce ana tsakiyar hayaniya. Bafulatani ya fi haka nisa a kan shanu. Kowace nagge tana da sunan da aka ciro daga launinta da zanen jikinta da yadda ƙahonta ya tanƙwara, ya kira ta daga cikin hamsin ta ɗago kai. Wannan ma ajiya ce ta abin da ido ya gani, kuma an daɗe ana tara ta fiye da shekarun kowane gidan tarihi.

Bambancin shi ne ƙyalle yana da masu gadi. Da sojojin Faransa suka ci Holan a 1795, bijimin Potter yana cikin ganimar da suka kwashe zuwa Faris, ya shekara ashirin a gidan tarihi na Louvre, aka dawo da shi a 1815 bayan faɗuwar Napoleon. A ƙarni na 19 ana ambatonsa tare da manyan ayyukan mai zane Rembrandt. Daga baya kasuwarsa ta faɗi. Eugène Fromentin, mai zane Bafaranshe da ya yi yawo a hamadar Aljeriya, ya yi masa suka a littafinsa na 1876, yana ganin aikin saurayi ne da bai gama koyo ba. Yau yawancin masu shiga Mauritshuis wurin zanen yarinyar nan mai ɗan kunne da Vermeer ya yi suke nufa. Duk da haka ba a jefar da shi ba: a 2024 ƙwararru suka fara wanke shi da gyara shi a gaban jama'a, a hankali, ɗan yanki bayan ɗan yanki.

Kalma ba ta da wannan gata. Ranar da aka daina buƙatarta, ranar take fara tafiya, ba tare da an sace ta ba. Takarkari ya kusa zama kalmar karin magana kawai tunda babur da mota suka karɓe kaya. Yaran birni da yawa duk abin da ke da ƙaho "saniya" suke ce masa, ko da kuwa shaidar mazantakarsa na reto a gabansu. Ƙamusun Bargery na 1934 ya kama kalmomin dabbobi masu yawa, na Jami'ar Bayero na 2006 ya ƙara nasa, amma ƙamus yakan ba ka ma'ana a layi ɗaya, ba ya nuna maka inda dillali yake ɗora yatsa lokacin da yake furta kalmar. Ga kuma kalmomin da ba su taɓa shiga littafi ba, waɗanda ake yi a bakin iyaka inda Hausa da Fulatanci da Barbarci suke cakuɗuwa a ciniki ɗaya.

Daga Kwalejin Ilimi ta Gumel zuwa karar Maigatari ba wata tafiya ba ce. Ina roƙon malaman Hausa na kwalejin, da na makarantun sakandaren Gagarawa da Sule Tankarkar, su riƙa tura ɗalibai can ranar Alhamis da littafi da waya mai ɗaukar hoto da murya. Su zauna kusa da tsofaffin dillalai da makiyaya, su gaishe su yadda ya kamata, su nuna dabba su tambayi sunanta, da sunan launinta, da na ƙahonta, da na kowane aibi da ake rage kuɗi saboda shi, su rubuta kowace kalma a ƙarƙashin hoton dabbar da aka kira da ita.